Fred Perry: yaya ɗan ma'aikacin masaƙa ya koma sunan riga?

Mai Neman Sani ya rubuta:

Assalamu alaikum, malamai da 'yan'uwa na wannan zaure. Tambayata ta shafi Fred Perry, Baturen Ingilan nan da ya yi zarra a wasan tanis a shekarun 1930, wanda a yau da yawa daga cikin masu sanya riga mai ɗauke da sunansa ba su ma san cewa sunan mutum ba ne, balle su san ya taɓa riƙe raket. Abin da na sani game da shi bai wuce cewa ya ci gasar Wimbledon sau uku a jere ba, kuma bayansa sai da Birtaniya ta yi jiran shekara 77 kafin wani namiji ɗan ƙasar ya sake ɗaga wannan kofi, wato Andy Murray a 2013.

Abubuwa biyu ne suka ɗaure mini kai. Na farko, ana yawan cewa shi ɗan talakawa ne da manyan Wimbledon suka ƙi jininsa saboda asalinsa, amma kuma na ga an rubuta cewa mahaifinsa ɗan majalisar dokoki ne, to ta yaya wanda ubansa ke zama a majalisa zai shiga sahun talakawa? Na biyu, rigar nan fara sal aka fara yin ta domin 'yan wasan tanis, wasan da masu hannu da shuni suka mallake a wancan zamani, amma sai ta ƙare a jikin matasan unguwannin ma'aikata, da masu sauraron kiɗan Jamaika, da 'yan kallon ƙwallon ƙafa, har ma da wasu ƙungiyoyi masu aƙidar wariya. Shin asalin mutumin ne ya ja hankalin waɗannan matasa zuwa ga rigar, ko kuwa dacewa ce kawai aka yi, daga baya kamfanin ya mayar da labarin abin talla? Zan ji daɗi idan wanda ya san tarihin ya warware mini.

Tsohon Ɗan Jarida ya amsa:

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Zan ɗauki ɓangaren wasan, domin idan ba a san girman abin da mutumin ya yi a fili ba, ba za a gane dalilin da ya sa wulaƙancin da aka yi masa ya tsaya wa mutane a rai ba.

An haifi Frederick John Perry ranar 18 ga Mayu, 1909, a garin Stockport da ke kusa da Manchesta, a yankin masaƙun auduga na arewacin Ingila. Mahaifinsa, Samuel Perry, ma'aikacin kaɗin auduga ne wanda ya shiga masaƙa tun yana yaro, daga nan ya tsunduma cikin harkar ƙungiyoyin ƙwadago da na gama kai, har aikin ya ɗauke iyalin zuwa unguwar Brentham da ke Ealing a yammacin Landan lokacin da Fred bai wuce shekara goma sha ɗaya ba. Wannan ƙaura ita ce ta sauya masa rayuwa, saboda unguwar tana da filayen wasa na mazauna, ciki har da na tanis, abin da yaron masaƙa ba zai samu cikin sauƙi a inda ya fito ba.

Da tanis na tebur ya fara suna, kuma ba ƙaramin suna ba, domin a 1929 a birnin Budafes ya zama zakaran duniya yana ɗan shekara 19, sannan ya ajiye wannan wasa ya koma babban fili gaba ɗaya. Sai dai bai bar dabarun tebur a baya ba. Riƙon raket iri ɗaya yake yi ko ta wane gefe ƙwallo ta zo, kuma ya saba da dukan ƙwallo tun tana tashi daga ƙasa, ba ya jira ta kai ƙololuwa ta fara saukowa kamar yadda ake koyar da 'ya'yan manya a kulob-kulob. Amfanin wannan shi ne abokin karawa ba ya samun lokacin gyara tsayuwa, kafin ya farga Perry ya riga ya iso bakin raga. Ya kuma ɗauki motsa jiki da muhimmanci fiye da tsararrakinsa, har yakan yi atisaye tare da 'yan ƙwallon ƙafa na Arsenal, a zamanin da ake ganin yawan atisaye bai dace da mutumin kirki ba, wai ya kamata nasara ta zo kamar ba a sha wahala ba.

Shekara huɗu kacal ya yi a ƙololuwa, daga 1933 zuwa 1936, amma a cikinsu ya ci manyan gasanni takwas na 'yan wasa ɗai-ɗai. Ya ci gasar Amurka a 1933 da 1934 da 1936, ta Ostareliya a 1934, ta Faransa a 1935, sannan Wimbledon a 1934 da 1935 da 1936. Da ya ci ta Faransa yana ɗan shekara 26, sai ya zama mutum na farko a tarihi da ya haɗa dukkan manyan gasannin huɗu, hanyar da irin su Don Budge da Rod Laver da Andre Agassi da Roger Federer suka bi daga baya. A wasan ƙarshe na Amurka a 1933 shi ne ya hana Jack Crawford na Ostareliya cinye huɗun a shekara guda, bayan Crawford ya riga ya ci uku. A Wimbledon ta 1934 ya sake doke Crawford da ci 6-3, 6-0, 7-5, kuma rabon da namiji ɗan Birtaniya ya ci wannan gasa tun 1909, shekarar da aka haifi Perry ɗin. A 1935 da 1936 Bajamushe Gottfried von Cramm ya doke, na biyun da ci 6-1, 6-1, 6-0, ko da yake adalci ne a faɗi cewa von Cramm ya ji rauni tun a farkon wasan. Babu wanda ya sake cin Wimbledon sau uku a jere a ɓangaren maza sai Björn Borg a ƙarshen shekarun 1970.

Ni a ganina Kofin Davis, wato gasar tanis ta maza tsakanin ƙasashe, shi ne ma ya fi nuna ƙimarsa ga ƙasarsa. Faransa ce ke riƙe da kofin tun 1927, sai ga Birtaniya ta je har birnin Faris a 1933 ta ƙwace shi da ci 3-2, inda Perry ya doke Henri Cochet, sannan ya ci wasan raba gardama a kan André Merlin. Shi da Bunny Austin suka tsare kofin a 1934 da 1935 da 1936, kuma bayan tafiyarsa Birtaniya ba ta sake ganin kofin ba sai a 2015.

To ga inda labarin ya yi ɗaci. Perry da kansa ya sha ba da labarin cewa bayan nasararsa ta farko a Wimbledon, yana cikin bahon wanka a ɗakin sauya kaya, sai ya jiyo wani jami'in kulob ɗin yana gaya wa Crawford cewa a wannan rana ba wanda ya fi cancanta ne ya yi nasara ba. Laktayen da ake bai wa zakara a matsayin shaidar zama ɗan kulob kuwa, maimakon a miƙa masa hannu da hannu tare da taya murna, sai ya fito ya tarar an rataye shi a jikin kujera. Ya riƙe wannan a zuciyarsa har tsufa.

A ƙarshen 1936 ya bar wasan sha'awa ya koma na kuɗi, ya tafi Amurka, inda daga farkon 1937 ya shiga zagaya birane yana karawa da zakaran tanis Ba'amurke Ellsworth Vines a gaban 'yan kallo masu biyan kuɗin shiga. Dokar lokacin ta haramta wa duk mai karɓar kuɗi shiga Wimbledon da sauran manyan gasanni da Kofin Davis, kuma a manyan gasannin haka abin ya ci gaba har 1968. Saboda haka yana ɗan shekara 27, da sauran ƙarfinsa, aka rufe masa ƙofa, kulob ɗin Wimbledon kuma ya janye matsayin ɗan kulob da ya ba shi. Ya karɓi takardar zama ɗan Amurka, ya kuma yi aiki a rundunar sojin saman ƙasar a Yaƙin Duniya na Biyu. Sulhu na sosai bai zo ba sai a 1984, shekara 50 bayan nasararsa ta farko, lokacin da aka kafa mutum-mutuminsa a harabar Wimbledon, alhali kafin nan ya daɗe yana sharhin gasar a rediyon BBC. Ya rasu a Melbourne ranar 2 ga Fabrairu, 1995, yana da shekara 85.

Malamar Tarihi ta amsa:

Malam Tsohon Ɗan Jarida ya kawo tarihin wasan yadda ya kamata, Allah ya ƙara basira. Ni zan tsaya a kan tambayar farko, domin akwai abin da ya kamata a rarrabe.

Gaskiya ne Samuel Perry ya zama sakataren ƙasa na jam'iyyar 'yan gama kai, wadda ke ƙawance da jam'iyyar Leba, kuma ya wakilci mazaɓar Kettering a majalisa daga 1923 zuwa 1924, sannan daga 1929 zuwa 1931. Don haka Fred bai tashi cikin yunwa ba, kuma duk wanda ya zana shi a matsayin yaron da ya fito daga tsananin fatara ya ƙara wa labarin gishiri. Amma a Ingila ta wancan zamani ba aljihu kaɗai ke nuna matsayin mutum ba. Ana duba makarantar da ya yi, da yadda harshensa ke furta kalmomi, da sana'ar kakanninsa, da kuma ko yana buƙatar yin aiki kafin ya ci abinci. Perry makarantar gwamnati ya yi a Ealing, alhali abokin wasansa Bunny Austin ya fito daga makarantar kuɗi ta Repton da jami'ar Kambirij. Kujerar mahaifinsa ma ba ta taimake shi a idon manyan kulob ba, domin kujera ce ta ɓangaren 'yan ƙwadago, wato ɓangaren da suke yi wa kallon barazana ga tsarin da suke cin moriyarsa.

Dokar nan ta hana karɓar kuɗi ita ce katangar gaske. A fuska ana cewa tana kare tsarkin wasa, amma a aikace tana nufin wanda zai iya yin watanni yana yawo tsakanin Landan da Faris da Niyok ba tare da albashi ba shi ne kawai zai daɗe a wasan. Ba tanis kaɗai abin ya shafa ba. A 1895 wasan zari-ruga ya rabe gida biyu saboda kulob-kulob na arewacin Ingila sun nemi a riƙa biyan ma'aikata diyyar ranar aikin da suka rasa, na kudu suka ƙi. A wasan kurket kuma har 1962 ana raba 'yan wasa zuwa masu wasa don sha'awa da masu karɓar albashi, wani lokaci ma ɗakin sauya kayansu daban. Perry daga wannan arewar ya fito, kuma lokacin da ya zaɓi kuɗi a 1936, abin da duk mai hankali wanda ba shi da gādo zai yi ne ya yi.

Inda nake so mu yi hattara shi ne wajen mayar da shi gwarzon gwagwarmayar talakawa. Mutumin bai nemi rusa tsarin masu kuɗi ba, so yake ya shiga cikinsu, kuma da Ingila ta hana shi sai ya samu abin da yake so a Amurka. Ya yi abota da taurarin Hollywood, ya auri 'yar wasan fim Helen Vinson a 1935, shi da Vines kuma suka mallaki kulob ɗin tanis na Beverly Hills. Sannan ba asalinsa kaɗai ya jawo masa baƙin jini ba, har da halinsa a fili. Mutum ne mai ji da kai, mai jefa wa abokin karawa magana a tsakiyar wasa, mai tsallake raga da zarar ya yi nasara domin ya nuna bai gaji ba. Wasu daga cikin Amurkawan da suka kara da shi, waɗanda ba ruwansu da batun asali irin na Ingila, su ma sun yi ƙorafin girman kansa. Abin da zan yarda da shi shi ne, da ɗan wani babban gida ne ya yi irin wannan hali, da an kira shi barkwanci, amma da yake ɗan masaƙa ne sai aka kira shi rashin tarbiyya.

Mai Nazarin Tufafi ya amsa:

Gaisuwa ga Malam da Malama. Bayanin Malama ya share mini hanya, domin amsar tambaya ta biyu tana cikin abin da ta faɗa, cewa Perry so yake ya shiga cikin manya. Matasan da suka ɗauki rigarsa su ma abin da suke so ke nan, kuma a nan ne nake ganin alaƙar take, ba a cikin sanin tarihinsa ba.

Da farko dai, ba Perry ne ya ƙirƙiro irin wannan riga ba. Bafaranshe René Lacoste, wanda shi ma zakaran tanis ne a shekarun 1920, shi ya fara sanya riga mai gajeren hannu da kwala mai laushi a lokacin da ake wasa da riga mai dogon hannu, kuma a 1933 ya kafa kamfani tare da André Gillier suna sayar da ita da tambarin kada. Perry kansa a zamanin zarrarsa da dogon farin wando yake wasa, kuma abin dariya shi ne Austin, ɗan makarantar manya, yana cikin waɗanda suka fara karya al'ada suka fito da gajeren wando a Wimbledon a farkon shekarun 1930.

Kasuwancin ya faro ne a ƙarshen shekarun 1940, lokacin da wani tsohon ɗan ƙwallon ƙafa ɗan Ostiriya mai suna Tibby Wegner ya zo wa Perry da wani ƙyalle da ake ɗaurawa a wuyan hannu domin tsotse gumi. Perry ya ba da shawarar a rage masa nauyi, aka gyara, aka sa sunansa. Daga nan Wegner ya kawo shawarar riga, aka fito da ita a Wimbledon a 1952, fara, ta auduga, da irin saƙar nan mai ƙananan ramuka kamar saƙar zuma, wadda ke barin iska ta shiga kuma ba ta manne wa jiki idan an yi gumi. Perry mashayin lofe ne, kuma da farko hoton lofe ya so a sa a ƙirjin rigar, Wegner ne ya hana. Suka ɗauki zoben ganyen nan da tsoffin Girkawa da Rumawa ke naɗa wa wanda ya yi nasara, wanda kuma tsohuwar alama ce ta Wimbledon. Ku duba wannan da kyau: mutumin da kulob ɗin ya kora shi ne ya ɗauki alamar kulob ɗin ya ɗinka a ƙirjin rigar da kowa zai iya saye. Dabarar tallarsu kuma mai sauƙi ce, suna raba rigunan kyauta ga manyan 'yan wasa, su kuma su sanya su a gaban kyamara, a daidai shekarun da akwatin talabijin ke shiga gidajen Birtaniya.

Abin da ya fitar da rigar daga fili zuwa titi shi ne samfurin da ake kira M12, wanda ya fito a 1957, mai layi biyu a bakin kwala da bakin hannu. Lokacin ya dace. An daina rabon tufafi da kati a Birtaniya a 1949, aikin yi ya wadata a shekarun 1950, kuma a karon farko yaron da ya bar makaranta yana da shekara 15 ya shiga aiki yana da ɗan abin da zai kashe wa kansa. Daga cikin waɗannan yara aka samu waɗanda ake kira Mod a Landan, masu son kwat ɗinkin Italiya da babur ƙirar Vespa ko Lambretta da kiɗan baƙaƙen fatar Amurka. Aƙidarsu ita ce tsaf-tsaf, wato yaron da ke aiki a shago ko ofis ya fi maigidansa iya ado. Rigar Perry ta yi musu daidai ta kowace fuska, domin tana da kwala, don haka tana shiga ƙarƙashin kwat, ba ta yamutsewa ko an kwana ana rawa, tana ɗauke da ƙamshin wasan masu kuɗi, kuma farashinta bai fi ƙarfin albashin mako ba. Suna sanya ta ne a ɓalle maɓallan har wuya, salon da ya zauna har yau.

A ƙarshen shekarun 1960 wani reshe na waɗannan matasa ya rikiɗe ya zama waɗanda ake kira skinhead, masu aske kai ƙwal, da manyan takalman ma'aikata da wando mai igiyar kafaɗa. Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne, na farkon sun tashi ne unguwa ɗaya da 'ya'yan Jamaikawan da suka fara zuwa Birtaniya da yawa tun daga 1948, kuma daga wurinsu suka koyi kiɗan ska da rege da ma wani ɓangare na salon adonsu. Daga nan rigar ta bi 'yan rawar dare na arewacin Ingila a shekarun 1970, ta bi farfaɗowar kiɗan ska da ta taso daga Coventry a 1979, inda farare da baƙaƙe ke kiɗa a ƙungiya ɗaya, ta shiga filayen ƙwallon ƙafa inda magoya baya ke zaɓar launin layin da ya dace da kulob ɗinsu, sannan mawaƙan Birtaniya na shekarun 1990 suka sake ɗaga ta. Kamfanin Hit Union na Japan ya sayi kamfanin a 1995, shekarar da Perry ya rasu, kuma a ƙarƙashinsa ne aka shiga haɗin gwiwa da masu zanen tufafi irin su Raf Simons, da mawaƙiya Amy Winehouse a 2010, da zakaran tseren keke Bradley Wiggins. Duk da haka samfurin M12 a Ingila ake ci gaba da yin sa.

Saboda haka amsata ga mai tambaya ita ce, yaran 1960 ba tarihin Stockport suka karanta suka je sayen riga ba. Labarin ɗan masaƙa daga baya ne aka ɗaura shi a kan rigar, kuma kamfanin ya ci moriyarsa sosai. Sai dai ɗaurin ya zauna ne saboda bai saɓa wa gaskiya ba.

Mai Neman Sani ya sake rubutawa:

Na gode ƙwarai, malamaina, Allah ya saka da alheri. Saura abu ɗaya da ban ji an warware ba. Idan har waɗanda suka fara ɗaukar rigar tare suke da 'ya'yan baƙi, kuma kiɗan Jamaika suke saurare, ta wace hanya ce ta faɗa hannun masu ƙyamar baƙi? Kuma Malam Mai Nazarin Tufafi, anya maganarka ta ƙarshe ba ta yi wa kamfanin sassauci ba? Rigar da a yau ake sayarwa da tsada a manyan shaguna, ban ga yadda za a ci gaba da kiran ta rigar ma'aikata ba.

Malamar Tarihi ta sake amsawa:

Ɗan'uwa, a kan tsada ina tare da kai. Rigar ta daɗe da barin matsayin abin da yaro zai saya ba tare da ya yi tunani ba, kuma kamfani ne mai neman riba kamar kowane, wanda ya gane cewa tarihin matasan titi haja ce mai tafiya. Sai dai ko a shekarun 1960 ba don arha ake sayenta ba, don ta fi sauran kyau ne kuma ana iya kaiwa gare ta idan an yi tari, wanda shi ne ainihin abin da Mod ke nema.

Batun masu wariya kuwa ya samo asali ne daga shekarun 1970, lokacin da masana'antun Birtaniya suka shiga durƙushewa, rashin aikin yi ya yawaita a tsakanin matasa farare na unguwannin ma'aikata, jam'iyyar National Front mai ƙyamar baƙi kuma ta shiga farautar magoya baya a bakin filayen ƙwallo da wuraren kiɗa. Wani ɓangare na masu askin ƙwal ya bi ta, ya tafi da kayan adonsa, daga nan salon ya bazu zuwa Jamus da wasu ƙasashen Turai a matsayin kayan 'yan ra'ayin riƙau. Ɗaya ɓangaren bai saki rigar ba, shi ya sa a lokaci guda za ka ga mai adawa da wariya da mai goyon bayanta sanye da tambari ɗaya.

Abin ya sake tasowa a Amurka bayan 2016, lokacin da ƙungiyar Proud Boys ta masu tsattsauran ra'ayin riƙau ta mayar da baƙar rigar mai layin ruwan ɗorawa tamkar kayan sarkinta. A watan Satumba na 2020 kamfanin ya fito fili ya nisanta kansa da ƙungiyar, ya bayyana cewa tun Satumban 2019 ya daina sayar da wannan launi a Amurka, kuma ba zai mayar da shi kasuwar Amurka da Kanada ba sai ya gamsu cewa alaƙar ta yanke. A cikin hujjojin da ya kafa har da asalin mutanen biyu da suka assasa shi, ɗan wani ɗan majalisa mai ra'ayin gurguzu daga gidan ma'aikata, da abokin kasuwancinsa Bayahude. A nan za ka ga inda labarin asalin Perry ya yi wa kamfanin rana fiye da talla.

A fagen tanis kuma sunan ya ja baya sosai idan aka kwatanta da Lacoste, wanda har yau manyan 'yan wasa ke sanyawa a manyan gasanni. Andy Murray ya yi shekarun farko na wasansa sanye da kayan Fred Perry, har ya kai wasan ƙarshe na gasar Amurka a 2008 da su, amma ya koma Adidas daga kakar 2010. Don haka lokacin da ya ci gasar Amurka a 2012 da Wimbledon a 2013, inda ya kawo ƙarshen jiran da mazan Birtaniya suka yi tun 1936 a duka biyun, kayan Adidas ne a jikinsa.